Ina Zakokin Ƙasarmu?

Wanda ya yi sammako ya tafi kasuwar Mile 12 a Ikko, sa'ad da manyan motoci su ke sauke albasa da tumatir da tattasai daga Arewa, in ya duba jikin motocin da kyau da wuya ya rasa ganin zaki. Mai fenti ya zana shi a bayan bodi, ga geza, ga baki buɗe. Motar Fijo ma hotonsa ne a goshinta. A can gida, in Sarki ya fito fadawa su kan gaishe shi da "Zaki!", har zamanin Turawa ma da haka a ke gai da Razdan da Di'o. Masu tallan maganin gargajiya kuwa, daga kasuwar Kurmi ta Kano har Agege, ba su rasa 'yar kwalba ta wani abu da su ke kira man zaki. To, amma tara mutum ɗari a kasuwar nan ka tambaye su wa ya taɓa jin rurin zaki a dawa. In ka sami guda, mai yiwuwa tsoho ne, labarin ƙuruciyarsa kuwa zai ba ka.

'Yan kwanakin da zaki ya tayar mana da hankali a shekarun nan, duk ba na dawa ba ne. Cikin watan Oktoba na 2019 wani ya kuɓuce daga kejinsa a gidan namun daji na Audu Bako a Kano, aka yi wajen kwana biyu mutanen unguwa na zaman ɗar-ɗar, ashe shi yana cikin gidan, ya faɗa wa awakin da a ke kiwo a wurin. Wata guda bayan wannan aka tarar da wani a cikin gidan wani baƙo a Victoria Island, nan Ikko, ma'aikatan Gwamnati suka zo suka ɗauke shi zuwa gidan namun daji. Waɗannan fursunoni ne. Abin da mu ke so mu duba shi ne na dawa: yadda su ke zaman duniyarsu, da nawa suka rage mana, da dalilin da ya sa irin zaman nasu ya ke ƙara musu wahala in sun yi kaɗan.

Zaki ɗan'uwan kyanwa ne da damisa, amma duk cikin dangin nan shi kaɗai ke zaman taro. Damisa ita ɗaya ta ke yawonta, ba ta neman kowa sai lokacin barbara. Zakoki kuwa gida-gida su ke, kuma tushen gidan mata ne. Zakanya, inda aka haife ta nan ta kan zauna har ta mutu, tare da uwarta da 'yan'uwanta mata da 'ya'yansu, cikin yankin dajin da suka gāda. Maza baƙi ne, zuwa su ke yi su wuce. Wani Ba'amurke, George Schaller, shi ya fara bin diddigin wannan sosai, ya zauna a dajin Serengeti na ƙasar Tanzaniya daga 1966 zuwa 1969 yana bin zakoki dare da rana, kowane da alamarsa. Daga 1978 wani kuma, Craig Packer, ya ɗauki aikin ya yi ta yi shekaru da yawa. Galibin abin da aka sani game da zaman zakoki daga can ya fito.

Zakanya ta kan yi wajen kwana 110 da ciki. In haihuwa ta matso sai ta ware daga 'yan'uwa, ta nemi surƙuƙi ko kogon dutse, ta haifi biyu ko uku, wani lokaci huɗu. 'Ya'yan su kan zo idonsu rufe, jikinsu da ɗige-ɗige kamar na damisa, waɗanda ke ɓacewa in sun girma. Ta kan ɓoye su wajen mako shida, tana ɗaukarsu a baki tana sake musu maɓoya don kada kura ko damisa su ji warinsu, sa'an nan ta kawo su cikin jama'a. A nan ne abin sha'awa ya ke. Matan gida ɗaya sau da yawa haihuwarsu ta kan zo kusa da juna, sai su haɗa 'ya'yan wuri guda su yi ta reno tare, ɗan wannan ya sha nonon waccan ba a hana shi. Duk da haka da yawa ba su kai shekara biyu, sabo da yunwa, da kuraye, da wani dalili da za mu zo kansa.

In namiji ya kai shekara biyu zuwa huɗu, gezarsa ta fara fitowa, sai a kore shi. Ba ya tafiya shi ɗaya in da hali. 'Yan'uwa maza da suka tashi tare su kan fita tare, su yi shekaru suna gararamba a gefen ƙasar waɗansu, suna cin abin da suka samu. Wanda ba shi da ɗan'uwa ya kan nemi wani mai irin halinsa su ƙulla abota. In sun ƙosa sai su tasam ma wani gida, su yi faɗa da mazan da ke riƙe da shi. Faɗan ba na wasa ba ne, a kan mutu. In baƙin suka yi nasara, abin da su kan fara yi shi ne su kashe ƙananan 'ya'yan da suka tarar. Mai karatu zai ce wannan mugunta ce, amma ga lissafin da ke ciki. Zakanya mai goyo ba ta sake ɗaukar ciki sai ɗanta ya yi wajen shekara ɗaya da rabi ko biyu. Su kuwa mazan, mulkinsu bai cika wuce shekara biyu ko uku ba kafin waɗansu su zo su ture su. In suka tsaya jiran 'ya'yan wani su girma, sai su sauka ba su bar na kansu ba. Matan ba su tsayawa kallo. Su kan taru su kare 'ya'yansu, an kuwa ga cewa mata biyu ko uku tare sun fi mace ɗaya iya korar baƙo. Masana da yawa suna ganin wannan, da kuma tsaron yankin da ke da ruwa da nama, su ne ainihin abin da ya sa zakoki zaman taro, ba farauta kaɗai ba.

A kan ce zaki malalaci ne, matansa ke yi masa farauta. Da gaskiya a ciki, amma ba duka ba. Gaskiya ne su kan kwanta har awa ashirin a yini, kuma a fili mata suka fi yin farauta, gama sun fi sauƙin jiki, ba su da gezar da za ta tona su. Amma in aka zo kan ɓauna, wadda nauyinta ya ninka na zakanya sau uku ko huɗu, sau da yawa sai da ƙarfin namiji a ke kayar da ita. Cikin duhuwa ma maza su kan yi kwanto su kama nasu. Zaki ba shi da dogon numfashi, ba ya iya bin nama da gudu mai nisa kamar yadda kyarkeci ke yi. Dole ya laɓaɓo har ya matso ƙwarai, galibi da dare, kana ya zabura. Ko da haka, cikin farauta huɗu da ƙyar ɗaya ke ci. Ga kuma abin da zai ba masu tatsuniya kunya: mun saba cewa kura ce ke jiran ragowar zaki, amma wani masani, Hans Kruuk, da ya bi kuraye da dare a kwarin Ngorongoro na Tanzaniya, ya tarar sau da yawa kura ce ke kashewa, zaki ya zo ya ƙwace.

Rurin nan da a ke ji da dare, har daga nisan mil biyar in iska ta kwanta, shela ce. Maza da mata duk suna yi, suna sanad da 'yan'uwa inda su ke, suna kuma gaya wa baƙi cewa wurin nan da masu shi. A 1994 wata Baturiyar Ingila, Karen McComb, da abokan aikinta suka ba da labarin wata dabara da suka yi a Serengeti. Sun ɗauki rurin baƙin zakoki mata a rikoda, suka ɓoye lasifika cikin ciyawa suka kunna. In muryar baƙuwa ɗaya ce, matan gida kuwa su uku ne, sai su tashi su nufi wurin. In muryoyi uku ne su kuwa ba su kai ba, sai su yi jinkiri, ko su yi ruri su kira sauran. Watau dai sai sun ƙidaya abokan gaba kafin su shiga faɗa. Geza ma an gwada ta da zakokin roba masu girman na gaske, aka ga mata sun fi kusantar mai baƙar geza, maza kuwa sun fi shakkarsa.

To, duk wannan labarin gabashin Afirka ne, inda gida ɗaya ya kan kai zakoki goma sha biyar ko fiye. Namu na Afirka ta Yamma sun ɗan bambanta. Gidajensu ƙanana ne, jikinsu bai kai na kudu ba, gezar mazan kuwa ba ta da yawa, waɗansu ma kamar ba su da ita. Da aka gwada jininsu sai aka ga abin mamaki: sun fi kusa da zakokin ƙasar Indiya, da na Arewacin Afirka waɗanda suka ƙare a dawa a ƙarnin da ya wuce, bisa ga na Kenya ko Afirka ta Kudu. A 2017 masanan ƙungiyar IUCN, mai lura da halittun da ke neman ƙarewa, suka raba zakokin duniya iri biyu, suka sa namu da na tsakiyar Afirka da na Indiya a iri ɗaya. Ku riƙe wannan, za mu bukace shi nan gaba.

Da can zaki yana ko'ina cikin dajin da ya miƙe daga Sanagal har Barno. Yau fa? Wani masani mai suna Philipp Henschel da jama'arsa sun yi shekara shida suna bin manyan gandayen daji 21 na Afirka ta Yamma inda a ke zaton da sauran zakoki, suna duba sawu, suna kunna kukan dabba da dare don su ga mai zuwa. A Janairun 2014 suka bayyana abin da suka samu. Wuri huɗu kaɗai suka tarar da zaki. Jimlarsu duka wajen 400, manyan da suka isa haihuwa ba su kai 250 ba, ƙasar da su ke ciki kuwa kashi ɗaya ce cikin ɗari na wadda su ke da ita a da. Kusan tara cikin goma suna wuri guda, watau dajin da ya haɗa iyakar Nijar da Binin da Burkina Faso, inda gandun W ya ke tare da Arli da Panjari. An sa wa W wannan suna ne don kogin Kwara ya yi lanƙwasa a wurin kamar harafin. Kaɗan suna Niokolo-Koba a Sanagal. Sauran wurare biyun a Nijeriya su ke, Kainji da Yankari, kuma in an haɗa su ba su kai hamsin ba. A 2015 aka sa zakin Afirka ta Yamma cikin jerin dabbobin da ke bakin ƙarewa.

Direbobin da ke kawo albasa daga Aliero da Yawuri, su biyo ta Kontagora da Mokwa su ƙetare gadar Jebba, suna wucewa ta gefen ɗaya daga cikin wuraren nan ba su sani ba. Gandun tafkin Kainji ɓangare biyu ne, Zugurma a gabas da tafkin, Borgu a yamma, girmansu duka ya haura murabba'in kilomita 5,000, zakokin kuwa a Borgu su ke, wajen kogin Oli. Yankari tana Jihar Bauchi. An keɓe ta a 1956, aka buɗe ta ga masu ziyara a 1962, ta koma hannun Gwamnatin Tarayya a 1991, aka mayar wa Bauchi a 2006. Girmanta murabba'in kilomita 2,244. Mutane sun fi saninta da giwaye da ruwan ɗumi na Wikki. Zakokinta, sa'ad da aka yi wancan bincike, yatsun hannu sun isa ƙidaya su.

Me ya cinye su? Mutum zai zaci mafarauta ne suka harbe su ɗaya-ɗaya. An yi wannan, amma yunwa ta fi bindiga ɓarna. Ga lissafi, wanda malami zai iya ba 'yan aji shida. Zakanya tana bukatar wajen kilo 5 na nama a kowace rana, namiji wajen kilo 7. Gida mai mata huɗu da maza biyu, kilo 34 ke nan a yini, fiye da tan 12 a shekara, ban da na 'ya'ya. Wannan nama ɓauna ce, da gwanki, da kanki, da mariya, da gwambaza, da mugun dawa. In masu kai naman daji kasuwa suka kwashe waɗannan da bindiga da tarkon waya, me zaki zai ci? Tarkon ma ba ya zaɓe, ya kan kama zaki a ƙafa ko a wuya. Gonaki kuma sun cinye dajin da ke tsakanin gandu da gandu, sun toshe burtali, makiyayi ya rasa inda zai sa dabbobinsa da rani sai cikin gandu, inda sauran ciyawa da ruwa su ke. Sai ga zaki mai jin yunwa ga garken shanu. Ya kashe saniya guda. Mai ita, wanda dukiyarsa ke nan, ya barbaɗa maganin ƙwari na gona a mushen. Da ya ke zakoki tare su ke ci, kuma su kan komo kan abin da suka kashe, mushe ɗaya ya isa ya share gida guda, ya haɗa da kuraye da ungulaye. Ban ga amfanin zagin makiyayin daga nan Ikko ba, mu da ke cin naman da a ke yankawa a mayankar Oko-Oba ta Agege kowace safiya. Shanun nan a wani daji suka yi kiwo.

Yanzu ku komo kan abin da muka faɗa na zaman gidansu, za ku ga inda wahalar ta ke. Saurayin zaki dole ya bar gida ya nemi wani gida. A Yankari, in ya fita, gona zai tarar da ƙauye da titi, zakoki mafi kusa kuwa suna ɗaruruwan mil daga nan. Ko dai a kashe shi a hanya, ko ya zauna ya yi barbara da 'yan'uwansa. An ga sakamakon irin wannan a Ngorongoro, inda annobar ƙuda mai cizo ta 1962 ta rage zakokin kwarin zuwa goma sha wani abu. Sun sake yawa, amma da ya ke duk jini ɗaya ne, an tarar da rauni a haihuwar mazansu. Haka kuma in aka kashe namiji ɗaya mai riƙe da gida, ba shi kaɗai aka kashe ba, gama baƙin da za su gaje shi za su kashe 'ya'yansa. Ciwo ma ba ya raga wa 'yan kaɗan. A 1994 wata cuta da a ke samu daga karnukan gida ta kashe wajen zakoki 1,000 a Serengeti, kashi ɗaya cikin uku. Can da sauran dubu biyu, sai suka farfaɗo. Inda biyar ne fa?

Man zaki kuma, ko da na kwalbar mai talla kitsen sa ne ko na rago, kamar yadda na ke zato galibi shi ne, cinikinsa yana sa wa na gasken kuɗi a ka. Haka fata da haƙori da farce da a ke nema don layu da ado. Doka ta hana. Tun 1963 Jihar Arewa ta yi dokar namun daji, a 1985 kuma Gwamnatin Tarayya ta kafa dokar kare dabbobin da ke neman ƙarewa, zaki yana ciki. Amma doka sai da mai tsaron ta, a nan kuwa rashin zaman lafiya ya ƙara dagula al'amari. Tun wajen 2020 'yan bindiga suka shiga dajin Kainji. A gandun W ma, ɓangaren Binin, an kashe ma'aikatan gandu da nakiya a Fabrairun 2022. Inda ma'aikaci ba ya iya shiga, ba mai cire tarko, ba kuwa mai ƙidaya.

Kada a ce abin ya fi ƙarfin mutane, gama 'yan'uwan zakokinmu na Indiya sun taɓa shiga halin da ya yi kama da wannan. A farkon ƙarnin da ya wuce sun ragu ƙwarai, sai 'yan kaɗan a dajin Gir na Gujarat. Sarkin Junagadh, mai ƙasar, ya hana farautarsu, Gwamnatin Indiya ta ɗora a kai bayan samun mulkin kai. Akwai makiyaya da ke zaune cikin dajin da bakinsa, in zaki ya kashe dabbar mutum Gwamnati ta kan biya shi diyya. Duk shekara biyar a kan ƙidaya su: 523 a 2015, 674 a 2020, 891 a 2025. Gujarat kuwa ba ta fi ƙasarmu ƙarancin cunkoson jama'a ba. A Kenya, tun 2007 aka fara ɗaukar samarin Masai, waɗanda da kisan zaki shi ne jarumtakarsu, aikin bin sawunsa, suna gaya wa makiyaya inda ya ke don su kauce, suna nemo dabbobin da suka ɓata kafin dare. Wani yaro makiyayi a kusa da Nairobi, Richard Turere, ya lura zaki ba ya zuwa in ya ga mutum na zagaya garke da tocila, sai ya haɗa batirin mota da ƙananan fitilu masu ƙyaftawa ya kewaye shingen shanun ubansa. A Botswana an gwada zana idanu biyu da fenti a gindin shanu, don zaki mai kwanto ne, in ya zaci an gan shi sai ya fasa. Cikin shekarun gwajin, shanun da aka zana wa ido ba wadda zaki ya kashe. Ba ɗaya cikin dabarun nan da ya fi ƙarfin rugar Fulani a bakin Yankari.

Wani zai ce, me zai hana a sayo zakoki a zuba? An yi haka a Ruwanda, inda aka kai guda bakwai daga Afirka ta Kudu zuwa gandun Akagera a 2015, suka hayayyafa. Amma sai da aka kewaye gandun da shinge, aka kau da tarkuna, namun daji suka komo, kana aka kawo su. Ga kuma abin da na ce ku riƙe: zakin Afirka ta Kudu ba irin namu ba ne. In za a ƙara wa Yankari jini, daga Panjari ko W ya kamata ya fito, ko daga arewacin Kamaru, su ma kuwa ba su da na kyauta. A Yankari ƙungiyar WCS ta yi shekaru tana aiki da Gwamnatin Bauchi wajen horad da masu gadin daji da biyansu kuɗin sintiri, an kuma sa kamarori a jikin itatuwa waɗanda ke ɗaukar hoto da kansu in dabba ta gifta.

Da yawa cikinmu in mun gama kwas za a tura mu makarantun ƙauye, waɗansu a Alkaleri ko Sabuwar Busa, inda uban ɗalibinka shi ne mafaraucin ko makiyayin da mu ke magana. Waɗanda za su tsaya nan Ikko kuwa, 'ya'yan masu saye ne za su zauna a gabansu. Akwai wani ɗan aiki da kowane zai iya sa yara su yi a lokacin hutu, ba ya cin ko kwabo. Kowane yaro ya tambayi mafi tsufa a gidansu, ko a nan ko a can garinsu, wace shekara aka yi wa zaki ji na ƙarshe a dajinsu, a wane wuri, me kuma ya same shi. A rubuta sunan garin da shekarar, a kawo a liƙa a kan taswirar aji.